Jaclyn Jose da Zamanin Fina-finan Tsiraici a Filifin: Tambayoyi da Amsoshi

Masu kallon shirye-shiryen Filifin masu dogon zango wataƙila sun sha ganin fuskarta ba su riƙe sunanta ba: dattijuwa mai sanyin murya, ba ta ɗaga harshe, sau da yawa tana fitowa a matsayin uwa ko uwargida mai hannu da shuni. Kafin ta kai wannan matsayi ta biyo ta wata hanya mai ƙaya, wadda 'yan mata da yawa suka bi suka ɓace. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda suka fi zuwa bakin mai son sanin labarinta da na zamanin da ya fito da ita.

Wace ce Jaclyn Jose?

Sunanta na asali Mary Jane Guck. An haife ta a 1963 a birnin Angeles da ke lardin Pampanga, arewa da Manila. Birnin yana manne da Clark, ɗaya daga cikin manyan sansanonin sojin saman Amurka a ƙasashen waje a wancan lokaci, kuma kusan duk harkar kuɗin garin a kan sojojin nan ta dogara: gidajen haya, shaguna, mashaya, gidajen rawa. Mahaifinta Ba'amurke ne da zaman sansanin ya kawo shi ƙasar, mahaifiyarta kuwa 'yar Filifin ce, kuma ita ce ta yi ɗawainiyar renonta.

Irin waɗannan yara dubbai ne a kewayen Clark da sansanin sojin ruwa na Subic. Da Amurka ta yi doka a 1982 don sauƙaƙa wa 'ya'yan sojojinta da aka haifa a Asiya shiga ƙasar, ta ambaci Koriya da Biyetnam da Laos da Kambodiya da Tailan, ta bar Filifin a waje. Yarinya mai hasken fata da dogon hanci, ba uba a gida, ba kuɗi, ita ce ainihin wadda masu farautar sabbin fuskoki a masana'antar fim suke nema.

Ta fara fitowa a fim a 1984, ta yi shekara arba'in tana aikin. A 2016 ta ci kyautar gwarzuwar jaruma a bikin fina-finai na Cannes da ke Faransa, wadda ba a taɓa ba wa wata 'yar Filifin ko 'yar kudu maso gabashin Asiya ba kafin ita. Ta rasu a watan Maris na 2024.

Wane irin fim ake nufi da fina-finan tsiraici na Filifin?

Ba abu ɗaya ba ne, yayi ne da ya riƙa sauya kama na tsawon shekara talatin da 'yan kai. Ya tashi a 1970 da fim ɗin Uhaw, wanda Merle Fernandez ta ja ragamarsa. Fim ɗin ya kawo kuɗi ƙwarai, furodusoshi suka yi caa a kan wannan hanya, mutanen gari suka raɗa wa ire-irensa suna bomba. Da shugaban ƙasa Ferdinand Marcos ya ƙaƙaba dokar soja a watan Satumba na 1972, sai aka murƙushe bomba.

Masu fim ba su haƙura ba, dabara suka sauya. A tsakiyar shekarun 1970 aka koma nuna mata sanye da farar riga marar kauri suna wanka a kogi ko ruwan sama yana dukansu. Fitaccen misali shi ne fim ɗin darakta Celso Ad. Castillo na 1974 wanda Gloria Diaz, sarauniyar kyau ta duniya ta 1969, ta fito a ciki. Daga nan aka shiga zamanin da suke kira bold, wanda ya mamaye ƙarshen shekarun 1970 da farkon 1980. A ƙarshen mulkin Marcos, wajen 1985 zuwa 1986, abin ya kai maƙura da fina-finan da ake kira pene, waɗanda batsa ce tsagwaronta, ana haska su a ƙananan gidajen sinima. Bayan faɗuwar Marcos yayin ya ɗan lafa, ya sake tasowa da sunan ST (sex trip) a ƙarshen shekarun 1980, sannan TF (titillating films) a shekarun 1990, lokacin da Rosanna Roces take tashe.

Jaclyn Jose 'yar zamanin bold ce, ta shigo daidai lokacin da wutar ta fi ruruwa.

Ƙasar da mafi yawan mutanenta Katolika ne, kuma tana ƙarƙashin mulkin kama-karya, ta yaya aka bar wannan ya yi ƙarfi?

Nan ne labarin ya fi ciwo, kuma duk wanda zai yanke wa 'yan matan nan hukunci ya kamata ya fara da saninsa.

Gwamnatin Marcos tana da hukumar tace fina-finai mai tsanani, amma abin da ya fi tsone mata ido shi ne a nuna talauci da zalunci. Uwargidan shugaban ƙasa, Imelda Marcos, tana son duniya ta ɗauki Manila a matsayin birni mai tsabta da kyau. Da darakta Ishmael Bernal ya yi Manila by Night a 1980, wanda ya nuna rayuwar dare ta birnin da ƙazantarta, sai aka yayyanke shi, aka cire sunan Manila daga kansa ya koma City After Dark, aka kuma hana fita da shi waje. Fim ɗin Lino Brocka na 1984, Bayan Ko, wanda ya taɓo yajin aikin ma'aikata da zanga-zanga, sai da aka yi fasa-ƙwaurinsa zuwa Cannes.

A gefe guda kuma, Imelda tana so a yi bikin fina-finai na duniya a Manila wanda zai yi gogayya da na Turai. Aka shiga gina katafaren zauren Manila Film Center cikin gaggawa, ana aiki dare da rana don ya kammala kafin Janairun 1982. Ranar 17 ga Nuwamba 1981 wani sashe na ginin ya rufto kan leburori, da dama suka mutu, aka ci gaba da aikin har aka yi bikin a kan lokaci. Da aka zo biki na biyu a 1983 kuɗi sun yi ƙaranci, sai aka ba da damar haska fina-finan tsiraici ba tare da tacewa ba don a tara abin gudanar da bikin. Babban limamin Katolika na Manila, Kadinal Jaime Sin, ya fito ya yi tir, amma layin masu sayen tikiti bai ragu ba.

Akwai kuma wata hukumar gwamnati da aka kafa a 1982, Experimental Cinema of the Philippines, wadda 'yar shugaban ƙasa Imee Marcos ta shugabanta. Da farko ta ɗauki nauyin fina-finai masu daraja irin su Himala da Oro, Plata, Mata. Tana da wata alfarma: abin da ta haska a zaurenta ba ya bi ta hannun hukumar tacewa. Bayan kisan ɗan adawa Benigno Aquino a filin jirgin saman Manila ranar 21 ga Agusta 1983, tattalin arzikin ƙasar ya durƙushe, ya ja baya da kusan kashi 7 cikin ɗari a 1984, ya sake yin haka a 1985. Hukumar ta rasa tallafi, sai ta koma rayuwa da kuɗin fina-finan tsiraicin da take haskawa ba yanka. Wato gwamnatin da ke hana a nuna unguwar talakawa ita ce ke karɓar kuɗin ƙofa idan an tuɓe 'yar talakawa. Masu sharhi da yawa a Filifin suna ganin akwai ma wata manufa: matasan da ke cike da sinima ba sa kan titi suna zanga-zanga.

Ga kuma haraji. Na tsawon shekaru gwamnati tana cire kashi 30 cikin ɗari daga kuɗin tikiti, sai a 2009 aka rage shi zuwa kashi 10. Furodusan da ke son ya maido da jarinsa yana neman fim mai arha, wanda za a ɗauka cikin 'yan kwanaki, kuma tabbas zai cika sinima. Sabuwar yarinyar da ba ta san darajarta ba ta fi kowace shahararriyar jaruma sauƙin biya.

Yaya ita Jaclyn ta shiga?

Yayarta Veronica Jones ta riga ta shiga fim, don haka ƙofar ba baƙuwa ba ce a gidan. Fim ɗinta na farko shi ne Chicas na 1984, wanda William Pascual ya ba da umarni. Tana da shekara ashirin da 'yan kai, kuma ƙasar tana tsakiyar matsin da aka bayyana a sama. A wancan lokaci yarinyar da ba ta fito daga gidan manyan 'yan fim ba, ba ta kuma da wani babban kamfani da ke renonta tun tana ƙarama, kusan hanya ɗaya ce a buɗe gabanta.

Waɗanne fina-finai ne suka fito da ita?

Huɗu ne ake yawan ambata.

White Slavery na 1985, na Lino Brocka, inda ta fito tare da Sarsi Emmanuelle da Emily Loren. Labarin 'yan matan karkara ne da ake yaudara da alkawarin aiki a Manila, su tsinci kansu a hannun masu safarar mata. Brocka shi ne babban daraktan ƙasar a lokacin, kuma ɗan gwagwarmaya ne da aka taɓa tsarewa a farkon wannan shekarar saboda shiga yajin aikin direbobin motocin haya. Sabuwar jarumar da ta faɗa hannunsa ta faɗa makaranta.

Sai Private Show, fim na farko na darakta Chito Roño, wanda ya sa wa hannu da sunan aro, Sixto Kayko. Jaclyn ta fito a matsayin Myrna, yarinyar da talauci ya jefa cikin masu wasan baɗala a gaban 'yan kallo a wani ɓoyayyen gida a Manila. Abin da ya bambanta fim ɗin shi ne inda ya sa ido. Ya fi daɗewa a bayan labule: ɗakin da 'yan matan ke kwana a cunkushe, abincin da suke ci, ƙwayar da suke sha don su iya jurewa, kamen 'yan sanda, da yadda suke raha da juna kamar kowaɗanne ma'aikata da ke jiran lokacin tashi. Fuskar Myrna a fagen wasan fuska ce ta wadda ta kulle zuciyarta ta bar jikinta a wurin. Wanda ya shiga sinima don sha'awa zai fito da nauyi a ƙirji.

Na uku shi ne Takaw Tukso na 1986, na William Pascual, labarin wasu ma'aurata da cin amana ta shiga tsakaninsu har ta kai ga zubar da jini. Ta fito tare da Anna Marie Gutierrez da Gino Antonio da Julio Diaz. Da wannan fim ta ci kyautar gwarzuwar jaruma ta Gawad Urian, wadda ƙungiyar masu sharhin fina-finai ta ƙasar ke bayarwa tun 1977, kuma ita ce kyautar da 'yan fim na Filifin suka fi girmamawa domin malaman jami'a da marubuta ne alƙalanta, ba 'yan kasuwa ba.

Na huɗu Macho Dancer na 1988, shi ma na Brocka, kan samarin da ke rawa a mashaya don neman abinci da 'yan sandan da ke cin moriyarsu. Ta fito a matsayin Bambi, karuwar da ta riga ta saba da ɗacin rayuwa. Hukumar tacewa ta yayyanke fim ɗin a gida, cikakkensa kuwa sai a bukukuwan ƙasashen waje aka gan shi.

Ai tsiraici tsiraici ne. Me ya sa za a kira wasu daga cikinsu aikin fasaha?

Tambaya ce mai nauyi, kuma mai yin ta yana da hujja. Mafi yawan fina-finan wancan zamani ba su da wata daraja: labari na jeka-na-yi-ka, an ɗauke shi cikin mako biyu don a tatsi aljihun samari. Babu dalilin yi musu kwalliya. Ko fina-finan kirkin ma, tsiraicin da ke ciki sau da yawa sharaɗin furodusa ne, ba bukatar labarin ba. Wanda imaninsa ko tarbiyyarsa ta hana shi kallon irin wannan bai yi asarar komai ba idan ya tsaya a karanta tarihinsu.

Sai dai akwai wani abu da ya faru a Filifin wanda ya cancanci a sani. Daraktocin da aka toshe wa bakin magana kan siyasa sun gano cewa wannan ita ce kafar da aka bari a buɗe, sai suka cusa maganarsu ta ciki. Scorpio Nights na Peque Gallaga a 1985 labari ne na wani ɗalibi da matar wani maigadi a gidan haya mai cunkoso, amma zafi da ƙunci da bindigar maigadin sun sa masu kallo da yawa suka ga hoton ƙasarsu a ƙarshen mulkin Marcos. Boatman na Tikoy Aguiluz ya bi wani matuƙin kwalekwale daga garin Pagsanjan zuwa gidajen baɗala na Manila. Su da Private Show da White Slavery sun ajiye shaidar yadda ake cinikin mutane a birnin, a lokacin da jaridu ba su da cikakken 'yancin faɗa.

Ra'ayina shi ne a riƙe abu biyun tare. Fina-finan sun faɗi gaskiya game da cin zarafin mata matalauta, kuma a yayin faɗar sun ci moriyar jikin mata matalauta. Darakta ya samu yabo, furodusa ya samu kuɗi, hukuma ta samu kasonta, yarinyar kuwa ita ce za ta koma unguwa a riƙa nuna ta da baki.

Me ya faru da sauran 'yan matan da suka yi zamani da ita?

Ƙarshen wasu ba shi da daɗin ji. Wani manaja mai suna Rey dela Cruz ya tara 'yan mata ya raɗa musu sunayen lemon kwalba: Sarsi Emmanuelle, Pepsi Paloma, Coca Nicolas. Wannan kaɗai ya isa ya nuna yadda ake kallonsu. Pepsi Paloma, ita ma 'yar Ba'amurke ce da ya tafi ya bar su, an shigar da ita harkar tun tana ƙaramar yarinya da shekarunta ba su kai ba, kuma an tsinci gawarta a gidanta a watan Mayu na 1985 tana da shekara 18. Stella Strada ta rasu a ƙarshen 1984, kuma duka biyun rahotannin hukuma sun ce su suka kashe kansu. Claudia Zobel ta rasu a haɗarin mota a 1984, ba ta ga fitowar Bayan Ko da ta yi da Brocka ba. Babu wata doka ko ƙungiya da ta tsaya wa yaran nan a lokacin da suke bukata. Hausawa na cewa abin da ya koro ɓera daga rami ya faɗa wuta ya fi wutar zafi, amma a nan akwai waɗanda suka hura wutar suna sane, kuma manya ne masu hankali.

Wasu sun fice salin-alin, kamar Sarsi Emmanuelle da Anna Marie Gutierrez da suka bar fim suka koma rayuwa nesa da kyamara. Kaɗan ne suka ɗore. Maria Isabel Lopez, sarauniyar kyau ta ƙasar a 1982 wadda ta yi Silip a 1985, ta ci gaba da aiki har ta fito tare da Jaclyn a fim ɗin da ya kai su Cannes.

Ba za a haɗa su da irin Vilma Santos ba. Ita ta riga ta zama tauraruwa tun tana yarinya kafin ta yi Burlesk Queen a 1977, zaɓi ne ta yi don ta nuna ta girma, daga baya ma ta zama magajiyar garin Lipa, ta zama gwamnar lardin Batangas. Wadda ta shiga da suna da kuɗi daban, wadda ta shiga da yunwa daban.

To ita me ya fitar da ita?

Iya aiki, da dacen haɗuwa da daraktocin da suka gane iyawar.

Salon wasan da ya fi karɓuwa a Filifin na kuka ne da kururuwa da mari da dogon jawabi. Jaclyn ta bi akasin haka. Tana magana a hankali, da murya kusan ɗaya, kamar wadda ta gaji da bayani. Idan labari ya kai wurin da wata za ta fashe da kuka, ita sai ta yi shiru ta kau da kai, ta bar mai kallo ya ƙarasa. Wannan salo ya zama tambarinta har masu barkwanci a ƙasar suka riƙa kwaikwayon muryarta, ita ma daga baya ta yi amfani da shi a fina-finan ban dariya.

Sannan ba ta tsaya jiran a ci gaba da ba ta matsayin budurwa ba. Da ƙuruciya ta fara wucewa sai ta karɓi matsayin kishiya, ƙanwar uwa, uwa, maƙwabciya, duk abin da ya samu, ta yi shi da gaske. Masana'antar da ke yar da mace da zarar an samu wadda ta fi ta ƙuruciya ta kasa yar da wadda ake bukata don iyawarta.

Wane aiki ta yi a shekarun da suka biyo baya?

A 1995 ta fito a The Flor Contemplacion Story na Joel Lamangan, fim kan 'yar aikin gida 'yar Filifin da aka rataye a Singafo a watan Maris na wannan shekarar, lamarin da ya girgiza ƙasar da miliyoyin 'ya'yanta ke aikatau a waje. Nora Aunor ce ta fito a matsayin Flor, Jaclyn kuwa ta fito a matsayin matar da mijin Flor ya ajiye bayan tafiyarta. Matsayi ne da aka tanada don a tsane shi, amma ta yi shi yadda mai kallo zai ga ita ma talaka ce mai neman inda za ta raɓa. Ya kawo mata kyaututtukan mataimakiyar jaruma.

Talabijin ce ta riƙe ta a shekarun da sinimar ƙasar ta yi rauni. Ta fito a Mula sa Puso daga 1997, da shirye-shirye da dama na manyan tashoshin ABS-CBN da GMA. Daga 2005 kuma, da kyamarar zamani mai arha ta buɗe wa ƙananan masu shirya fim hanya, ta fara aiki da darakta Brillante Mendoza. Fim ɗinsu na 2008, Serbis, ya shiga babbar gasar Cannes. An ɗauke shi a Angeles, garin haihuwarta, kuma labarin iyali ne da ke riƙe da wani tsohon gidan sinima da ya lalace yana haska tsofaffin fina-finan tsiraici. Ita ce 'yar gidan da ke kula da harkar, tana kai da komo a ƙarƙashin hotunan tallan irin fina-finan da ta fara da su.

Me ya faru a Cannes a 2016?

Fim ɗin shi ne Ma' Rosa, na Mendoza. Rosa mace ce mai ƙaramin shagon kayan masarufi a wata unguwar talakawa ta Manila, tana haɗawa da sayar da ƙwayar shabu a ɓoye don cinikin shagon ba ya ciyar da gidan. 'Yan sanda suka kama ta da mijinta, suka shigar da su ta ƙofar baya ba tare da rubuta komai ba, suka nemi peso 200,000. Bayan ta tona wanda ke kawo mata kaya, sauran kuɗin ya tsaya a 50,000, 'ya'yanta suka bazama cikin gari neman su: ɗaya ya ɗauki talabijin ɗin gida zai sayar, ɗaya ta bi dangi tana roƙo, ɗaya ya sayar da kansa. Julio Diaz, abokin aikinta a Takaw Tukso shekara talatin baya, shi ne mijin. 'Yarta ta cikinta, jaruma Andi Eigenmann, ita ce ta fito a matsayin 'yar Rosa.

An ba da kyautar ranar 22 ga Mayu 2016, kwamitin alƙalai ƙarƙashin George Miller. A shekarar akwai Isabelle Huppert da Sandra Hüller da Sonia Braga da Ruth Negga da Marion Cotillard a gasar, don haka ba ita ake sa rai ba. Ta hau dandamali a ruɗe, 'yarta na gefenta. Wasu 'yan jarida sun yi ƙorafin cewa matsayin bai kai girman kyautar ba, alƙalan suka kare zaɓinsu a taron manema labarai.

Lokacin ma ya dace da wani abu. Makonni biyu kafin nan aka zaɓi Rodrigo Duterte shugaban ƙasa bisa alkawarin yaƙi da ƙwaya, yaƙin da ya ci rayukan dubban mutane, yawancinsu ƙananan dillalai da masu sha a unguwanni irin ta Rosa.

Akwai alaƙa tsakanin Rosa da matsayin da ta fara da su?

Ƙwarai kuwa, kuma a ganina wannan ne zaren da ya ɗinke aikinta. Myrna ta Private Show da Bambi ta Macho Dancer da Rosa duk mata ne da suka yi abin da doka da addini suka hana, suna sane, saboda lissafin gida ya ƙi fita. Jaclyn ba ta taɓa wanke su ba, ba ta kuma roƙa musu tausayi da hawaye ba. Tana nuna su suna ƙirga kuɗi, suna ciniki, suna haɗiye wulaƙanci don gobe akwai bakin da za a ciyar. Masu cewa ta tashi daga ƙazamin fim ta koma na kirki sun sauƙaƙa labarin da yawa. Irin matar da ta fara nunawa a 1985 ita ce ta kai Cannes, shekaru ne suka ƙaru.

Ana sukar Mendoza da ire-irensa da cewa suna tallan talaucin ƙasarsu ga Turawa don neman kyauta. Sukar tana da ƙamshin gaskiya, domin bukukuwan Turai sun fi ɗokin unguwar marasa galihu a kan duk wani labari daga Filifin. Amma wasan Jaclyn a Ma' Rosa bai yi kama da talla ba.

Yaushe ta rasu?

Ranar 2 ga Maris 2024, a gidanta da ke birnin Quezon, tana da shekara 60. Iyalinta sun sanar cewa bugun zuciya ne. Tana kan aiki har lokacin, tana fitowa a matsayin shugabar gidan yari a shirin Batang Quiapo na jarumi Coco Martin, wanda suka yi aiki tare tun fina-finan Mendoza na farko.

Har yanzu ana yin irin waɗannan fina-finai a Filifin?

A sinima sun mutu. Faifan satar fasaha da intanet sun janye masu kallo, sannan a 2004 kamfanin SM, mai gidajen sinima mafi yawa a ƙasar, ya daina haska fina-finan da hukumar tace fina-finai ta MTRCB ta keɓe wa 'yan shekara 18 zuwa sama. Furodusan da ya rasa waɗannan zauruka ya rasa kasuwa.

Amma sun dawo ta waya. Kamfanin Viva ya buɗe manhajar Vivamax a 2021, lokacin kullen korona, kuma cikin ɗan lokaci ta shahara da fina-finan manya da take fitarwa a kai a kai da sabbin fuskoki. Muhawarar da aka yi a 1985 ta sake tasowa: nawa ake biyan 'yan wasan, wa ke kare su a wurin ɗauka, kuma su wa ke kwashe ribar.

Ana iya samun tsofaffin fina-finan nata?

Wasu, ba duka ba. Filifin ƙasa ce mai zafi da laima, kuma faifan fim na dā yana narkewa idan ba a adana shi a ɗaki mai sanyi ba. Kamfanoni da yawa na wancan zamani ƙanana ne da suka yi fim biyu ko uku suka watse, babu wanda ya kula da kayansu. Sai a 2011 aka kafa ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa, a shekarar ce kuma ABS-CBN ta fara aikin gyara tsofaffin fina-finai, wanda ya ceto Himala da Oro, Plata, Mata da wasu da dama. Fina-finan bold ba su ne a sahun gaba ba wajen wannan ceto, don haka da yawansu sun rage ne a kwafin kaset mai dishi-dishi, wani an yanke shi, wani kuma masu sinima sun cusa masa abin da darakta bai ɗauka ba. Ayyukanta na baya-bayan nan, irin su Serbis da Ma' Rosa, sun fi sauƙin samu, kuma suna da fassarar Turanci a rubuce a ƙasan allo.